Fuskar da Na Hana Ki

Da sunan Allah mai rahama mai jinƙai.

Mushe Isa ya ce dole a sa suna a nan sama. Na ce ya bar wurin fili, mai takarda ta san kanta.

Ina gaishe ki, gaisuwa mai yawa. Da fatan kin isa Yamai lafiya, mota ba ta karya maki baya ba. Allah ya tsare ki a hanya da masauki, ya tsare ki cikin ƙarfen saman da za ki shiga, da bisa ruwan da suka ce za ku ƙetare. Ya raba ki da mai yi maki dariya da haƙori alhali cikinshi ba haka ba. Amin.

Ni ce, tsohuwarki, daga Madarunfa. Kin san ba ni ke rubutu ba. Mushe Isa ne, wanda ya karantar da ke a lakwal, ga shi zaune gindin iccen bedinmu da tabaraunshi mai ƙafa ɗaya. Na ce ya rubuta yadda magana ta fito bakina, kar ya gyara, kar ya sa mani faransanci. Ya ce mi ya hana in yi maki magana a waya, ya fi sauƙi. Na ce a'a, na san halinki. In na yi magana a waya kama muryar za ki yi ki adana, wata rana in ji ana sauraren tarina a garin turawa.

Rakiya matar ƙaninki ta ce jirginku saura kwana takwas, kuma shekara biyu za ki yi can inda suka kira ki, ki nuna aikinki, ki koya ma ɗiyansu. Shekara biyu. Ni kuwa yanar idon nan kullum ƙara rufewa take. Bara ina gane mutum daga bakin zaure, bana sai ya yi sallama. Tsoro nake ji, ba zan ɓoye maki ba.

Shekaranjiya da za ki tafi, kin kafa kamararki tsakar gida bisa ƙafafunta uku, kika ce, "Yaya, sau ɗaya dai. Ki ɗago ki dube ni. Ba sai kin ce komi ba." Na ce tukunyata na kan wuta. Ba komi a kan wuta, ke ma kin gani. Karo na uku ke nan kina roƙo ina gudu. Kika naɗe kayanki kika tafi. Takardar nan saboda wannan ce, amma ba ni iya zuwa gare shi kai tsaye, sai na ɗan zagaya. Ki yi haƙuri ki bi ni.

Bari in fara da hoton babanku.

Kina tuna katinshi na dantite, na shaidar ɗan ƙasa, mai hoto ƙarami kamar farcen babban yatsa? Shi kaɗai ne hoton da ya taɓa yi a duniya. Da ya rasu kina da shekara tara. Kina ɗaukar katin nan ki shige bayan rumbu ki yi ta kallo. Ni kuwa ko ina na bi a ɗaki sai in ga idonshi na bi na. Na kife shi, ban samu sauƙi ba. Na sa shi ƙasan kwalla, ina jin shi. Ran nan ina dama koko na jefa shi a murhu. Kika zo kika birkita ɗakin duka, kina tambaya, na ce gara ta ci. Ba gara ba ce, ni ce. Yau in aka ce in faɗi yadda hancinshi yake, sai in yi ta laluben abin a kaina ba ni samu. Ke kuma ban san abin da ya rage maki nashi ba.

To ki ji. Can za ki ga abubuwa da za su ba ki tsoro, mutanensu da cimarsu da shirunsu. In abu ya tsorata ki, kar ki yi mashi komi ranar. Ki aje shi, ki bari ya kwana bakwai. In har yanzu yana tsorata ki, ki ba wani ya riƙe maki. Ni da na ba gwaggonki katin nan, da yau yana nan.

Mushe ya ce shi ma ya tuna katin, wai babanku ya sa hularshi a karkace. Kin ga, shi ya tuna, ni ban tuna ba.

Na biyu, dariyar da na yi maki.

Da kika gama karatu kika samu aiki a talbijin, na ji daɗi, har na kai ma maƙwabta goro. Sai ga ki kin bar aikin, wai kin gaji da ɗaukar manyan mutane suna yanka ƙyalle da almakashi. Kika dawo Maraɗi kina ɗaukar biki. Shi ma bai yi tsawon rai ba. Labari ya zo har bakin rijiyarmu, wai an kira ki ɗaukar bikin gidan wani alhaji, kika kawo masu fim ba amarya ba ango, sai takalman da aka tuɓe a ƙofa, da hannuwan masu tuƙin tuwo, da wata tsohuwa da ke tsince shinkafar da ta zube. Uwar amarya ta bi ki da muciya. Mata suka yi ta dariya a rijiya, maƙwabciyarmu Ta Allah har tana riƙe ciki. Ni ma na yi. Na fi kowa ɗaga murya, dan kar a ce abin ya dame ni. Ban san kina bayan katangar su Ta Allah kina ɗaukar ƙarar guga ba. Kin ji ni. Na san kin ji, dan ranar ba ki ci tuwo ba.

Sai kika koma tabki. Ki fita da asuba, ki kafa ƙafafun nan uku, ki tsaya har hantsi, ba ki ɗaukar komi sai ruwa. Masunta na ce maki, "Ƴar lakwal, ga mu nan mun kamo tarwaɗa, ɗauke mu mana!" Ki ce, "Ku dai ci gaba da tuƙi, ƙarar nake so." Ana ce mani, "Waccan taki lafiya kuwa? Ko a nemo mata rubutu?" Ni ko in ce, ku bar ta, karatu ne ya yi mata yawa.

Har ranar da kika tara mu a ajin Mushe, da rana tsaka, kika toshe tagogi da barguna, kika rataya farin zane. Na zauna can baya kusa da ƙofa dan in samu hanyar gudu. Aka fara. Ruwa, ruwa, ruwa. Wani ya ce, "Injin ya lalace ne?" Sai zanen ya yi baƙi ƙirin, ba a ganin komi, sai ƙarar daka. Mutane suka fara tsaki. Can sai wata mata ta ce, "Ku yi shiru. Wannan dakan Ta Allah ne." Aka yi tsit. Dakanta ne kuwa, bugu biyu sai ta jefa taɓarya ta yi tafi, sai ɗan nishin nan nata. Wata biyar ke nan da binne ta. Ɗiyarta ta fasa kuka. Babu wanda ya ga fuskar Ta Allah a zanen nan, amma wallahi kowa ya gan ta, har da zanenta mai ruwan goro. Ni ma na gan ta. Na ji kamar in ce mata, Ta Allah, kin ga wadda muka yi ma dariya.

Da aka buɗe tagogi kowa na gaishe ki, ni na sulale na taho gida. Ban ce maki sannu ba. To ga ta yau, ta yi latti: sannu.

Abin da zan ce maki a nan biyu ne. Can ma za a samu masu ce maki injin ya lalace. Kar ki gaggauta ruwanki dan su. Yadda kika tsaya bakin tabki ana maki ba'a, haka za ki tsaya. Amma kuma in suka yi maki tafi, kar tafin ya ɗauke ki. Su ba su san dakan Ta Allah ba. Za su ji ƙara mai daɗi ne kurum. Duk abin da kika ɗauka a wurin mutane, masu shi su fara gani kafin baƙo, kamar yadda kika yi mana. In mai abu ya ce cire, ki cire, ko da shi ne ya fi kyau. Kar ki tafi can ki koyo wani hali.

Na uku. Mushe, gyara zama, wannan kai ma ba ka sani ba.

Damanar da ta wuce waccan, ranar kasuwar Ɗan Isa, kin tafi neman batir. Ina shara gindin rumbu na ga ƙasa ta tashi, an yi sabon tono. Na sa hauya, sai ga gwangwani. Na buɗe. Wani baƙin kirtani ne mai faɗi, a naɗe, an cuɗe shi da lalle da bagaruwa da laka. Na ɗaga shi a rana, sai ga ƴan mutane ƙanana a ciki, jere, ɗaruruwa, duk ba kawuna. Ke ki gaya mani, wace mace ce a garin nan za ta tono wannan a gindin rumbunta ta ce alheri ne? Na ce shi ke nan, an yi mana sammu, an binne mu da hatsinmu. Ko malam ban tsaya kira ba. Na haɗa kara na cinna mashi wuta. Ya kama fuu kamar an zuba isansin mota, na ce ka ji, abin banza ne ke ƙonewa. Na maida gwangwanin na rufe.

Da yamma kika dawo kika nufi rumbu. Ina kallonki ta gefen ido. Kika tono, kika buɗe, kika zauna a ƙasa daɓas. Daga baya Rakiya ke gaya mani wai aikinki ne na wata uku, irin tsohon zaren fim ne da kika sha wuya kafin ki samu, kin binne shi ne dan ƙasar garinmu da lallenmu su ci shi su ba shi launi, dan hoton ya fito da kamannin wurin da aka ɗauke shi. Ni ina zan san ana binne hoto ya nuna kamar daddawa?

Ba ki tambayi kowa ba. Kika tsince ɗan guntun da wuta ta rage, kika sa shi a fim ɗinki haka nan, da ƙunar da komi. Rakiya ta ce wai wurin nan ne mutanen can suka fi yabawa. Allah mai iko. Amma ni ban taɓa faɗa maki ba, ko da yake ina jin kin sani. Ni ce. Ki yafe mani.

Shawarar nan rabinta tawa ce, rabi taki. Tawa: da na jira ki na tambaya, da bai ƙone ba. Taki: ke ma ba ki faɗa ma mutum abin da kike yi. Ki zauna da abu a ciki kamar kin haɗiye dutse. Can in za ki binne wani abu a gidan mutane, ki gaya ma masu gida. Ba dan gwangwani kaɗai nake faɗi ba. In ba ki da lafiya ki faɗa. In kewa ta kama ki ki faɗa. Kuma ki riƙa cin abinci, na san ki, in kin zauna gaban injin nan kina yanka kina haɗawa, sai rana ta faɗi ba ki sha ko fura ba.

An kira la'asar. Mushe zai tafi masallaci, ya ce hannunshi ma ya gaji, wai na fi sufeton lakwal yawan magana. Allah ya saka mashi. Dama ina jira ya tashi, sauran maganar ba ta gaban namiji ba ce.

Yanzu Rakiya ce ta karɓi biro. In kin ga rubutu ya sake, shi ya sa. Rakiya, takarda za ki duba, ba ni ba. In kika kalle ni tashi zan yi.

Ke ce ta fari a wurina. Kin san yadda muke. Ɗan fari ba a kiran sunanshi, ba a ɗaukarshi gaban mutane, ba a yi mashi wasa, ba a kallonshi ido cikin ido. Shi ya sa ƙannenki ke ce mani Inna, ke kina ce mani Yaya, kamar ƴar uwarki ce ni. Haka uwata ta yi ma yayana, haka aka yi ma kowa. Amma ni na wuce kowa. Sauran mata in ba ido suna ɗan sassautawa, ni ko a ɗaki mu biyu ban sassauta ba. Ana yaba ni. Kakarki ta Safo, wadda aka kai ki wurinta da aka yaye ki, tana nuna ni ga surukan mutane tana cewa, ku koyi kunya wurin wagga. Yabon nan ya yi mani daɗi. Shi na ci, ke kika biya.

Da ƙyanda ta kama ki, kina kwance ɗakin kakarki, ni ina bayan zana. Kwana huɗu ina nan tsaye, ina ƙirga numfashinki ta cikin kara. Kin kira ni. Na ji. Ban shiga ba, dan akwai mutane.

Ranar da kunama ta harbe ki kika rugo kina ihu, hannu a buɗe, ni kika nufo. Na juya baya na ce, "Wani ya duba waccan." Gwaggonki ta ɗauke ki. Bayana kika gani ranar. Bayana kika gani da kika ciyo kyauta a lakwal. Bayana kika gani da za ki Yamai karon farko.

Fim ɗinki na ƙarshe, wanda ba ki gama ba, Rakiya ta nuna mani a waya, na kai shi dab da ido. Mace ce tana shiƙa, an ɗauke ta ta baya. Ta daɗe tana shiƙar, ba ta juyo ba. Na gane ɗankwalin, na gane kafaɗar da ta karkace. Sai wurin ya yi baƙi, tsawon a karanta fatiha uku, ba komi sai kukan kaji da numfashin mutum. Na ce, Rakiya, waya ta mutu? Ta ce, "A'a Inna, wurin fuskarki ne ta bari." Numfashin kuwa ba sai an gaya mani na wa ne ba. Na san shi tun bayan zana.

Mutane na tambaya mi ya sa ba ki ɗaukar fuska, sai hannu, sai ƙafa, sai ƙeya. Na ji kina ba su amsa da manyan kalmomi. Wataƙila gaskiya kike faɗi, ke kika san aikinki. Amma ni tun ranar nan nake cewa a raina, abin da aka nuna mata ne take nunawa.

Ga abin da ba ki sani ba. Yadda kike ɗaukar mutane, haka ni ma na ɗauke ki. Ban kalle ki ba, amma na san takunki cikin takun mutum goma, kina jan ta hagu kaɗan. Na san tabon gwiwarki. Na san in ranki ya ɓaci kina murza kunnen dama. Na san sautin da ƙofa ke yi in ke kika tura. Shekara talatin da wani abu ina tara ki guntu-guntu ta gefen ido. Ba a banza kika iya aikin nan ba, a nono kika sha. Sai dai fuskarki gaba ɗaya, a natse, ban taɓa zama na kalla ba. Yanzu kuma ido na rufewa, jirgi na jira.

Shi ne tsoron. Ba jirgin ba ne, ko da yake shi ma ina tsoronshi. Tsorona ki dawo ki tarar ba ni gani, ko ki tarar an kai ni inda aka kai Ta Allah, ya zamana abin da kika rage da shi nawa bayan mace ne tana shiƙa.

Da kike cewa in ɗago, ba kamarar nake gudu ba. Ke ce a bayanta.

To shawarata ta ƙarshe. Aikinki ki yi shi yadda kike yi, hannu da ƙafa da ƙarar ruwa, ba ni da ta cewa, na ga abin da ya yi ma ɗiyar Ta Allah. Amma kar kamarar nan ta zama maki zana. Na ga kina laɓewa bayanta yadda nake laɓewa, kina jin numfashin mutane ba ki shiga. In Allah ya haɗa ki da wanda kike so, ko ya ba ki ɗiya, in suka rugo da hannu a buɗe, ki aje injin ƙasa. Ko da duniya duka na kallo. Kunya abu ce mai kyau, ban ce ki yar da ita ba. Amma ni na san inda tawa ta wuce wuri, kuma babu ɗaya cikin masu yaba ni da ke nan yau ya taya ni zama.

Kwana takwas ne. Motar Yamai yini ɗaya take. In takardunki sun bar ki, ki zo ko na dare guda. Ki kafa ƙafafun nan uku gindin bedi, da safe, lokacin da idona ya fi gani. Ba zan ɗora komi a wuta ba. Zan zauna in dube ki har ki ce ya isa. In na yi kuka ki bar shi a ciki, ko ki cire, ke kika sani.

In kuma ba hali, kar ki tada hankalinki, kar ki ɓata tafiyarki. Ki bar baƙin wurin yadda yake, amma kar ki bar shi da kaji kaɗai. Na ce ma Rakiya ta aje biro ta ɗauko wayarta. Eh, ni da na ce ba ni so a kama muryata. Ta danna, ta ce in yi magana. Sai da na kurɓi ruwa, sannan na kira sunanki. Na farko bai fito ba. Na biyu ya fito a shaƙe, kamar na wata. Na uku ya fito daidai, har akuya ta ɗago kai. Za ta aiko maki duka ukun. Ki sa su a wurin nan.

Rakiya na share ido da gefen mayafi, ta ɗiga ma takarda. Ke ƴar nan, rubuta mu gama kafin Mushe ya dawo.

Allah ya kai ki lafiya, ya sauke ki lafiya. Ya tsare gabanki da bayanki, ya sa ki faɗa hannun mutanen kirki. Ya ba ki haƙurin da kika yi bakin tabki, ya ba ki bakin da ni ban yi ba. Ya tsare maki idonki, ya bar mani nawa har ki dawo. Ƙaninki na gaishe ki, da gwaggonki, da Mushe, da ɗiyar Ta Allah. Amin, amin.

Rakiya, koma can sama inda Mushe ya bar fili ki cike. A nan ƙasa ma ki sa, yadda na faɗe shi.

Balkisa. Balkisa. Balkisa, ɗiyata.

Ni ce, innarki.